Jirgin lantarki na North Shore tsakanin Shikago da Milwaukee: me ya kashe shi, kuma ina taragansa suke?

Ɗalibin Evanston ya rubuta:

Salamu alaikum, iyayena da yayyena. Wata na shida ke nan da na zo karatu Evanston, a arewacin Shikago, kuma nakan shiga wani ɗan gajeren jirgin lantarki da ake kira Yellow Line, wanda yake tashi daga tashar Howard ya tsaya a Dempster cikin garin Skokie. Abin da ya ɗaure mini kai shi ne, tafiyar duka bai fi mil 5 ba, amma an shimfiɗa dogon a miƙe, da gadoji da cikon ƙasa irin na jirgin da aka yi wa tanadin gudu da tafiya mai nisa. A gefen tashar Dempster kuma akwai wani tsohon gini mai kyau wanda yanzu ake sayar da gahawa a cikinsa, aka ce mini tsohuwar tasha ce ta wani jirgi da yake zuwa har Milwaukee a jihar Wisconsin, wanda aka rufe tun kafin a haifi mahaifina.

Ina roƙon waɗanda suka san tarihin su warware mini abu biyu. Wane irin jirgi ne wannan, kuma me ya sa aka rufe shi alhali garuruwan da yake ratsawa suna nan cike da mutane? Sa'an nan, akwai wani abu da ya rage daga taragansa wanda mutum zai iya zuwa ya gani da idonsa?

Tsohon Injiniya ya amsa:

Wa alaikumus salam, ɗana. Idonka bai ruɗe ka ba, domin wannan dogon da kake bi guntu ne na Chicago North Shore and Milwaukee Railroad, wanda kowa yake kira North Shore Line a taƙaice. Yana cikin irin jiragen da Amurkawa suke kira interurban, wato jirgin lantarki mai haɗa gari da gari. Bambancinsa da jirgin ƙasa da muka saba gani shi ne ba shi da kan jirgi mai jan taragai, sai dai injinan lantarki suna ƙarƙashin taragan fasinja su kansu, don haka tarago ɗaya ma yana iya tafiya shi kaɗai. A cikin gari yakan bi tsakiyar titi tare da motoci, idan ya fita bayan gari kuma ya hau nasa dogon ya saki gudu. Bayan da Frank Sprague ya nuna a Richmond cikin 1888 cewa lantarki zai iya jan tarago a titi ba tare da doki ba, sai irin waɗannan layuka suka bazu, har zuwa wajen 1916 tsawonsu a Amurka ya haura mil 15,000, mafi yawa a jihohin tsakiya irin su Ohio da Indiana da Illinois.

Shi North Shore ya fara ne a matsayin ɗan ƙaramin layi na cikin garin Waukegan a 1895. Daga nan aka yi ta jan sa kudu ta garuruwan bakin tafkin Michigan har ya iso Evanston a 1899, aka kuma ja shi arewa ya shiga Milwaukee a 1908, amma kuɗin ginin ya karya kamfanin, kotu ta karɓi riƙonsa. Wanda ya tashe shi shi ne Samuel Insull, haifaffen Landan, wanda ya taɓa zama sakataren Thomas Edison, daga baya ya zama babban mai kamfanonin wutar lantarki na Shikago. Ya saye layin a 1916, kuma tunda yana da hannu a jiragen Shikago masu bin gada a saman tituna, sai a 1919 ya buɗe wa North Shore hanya ya riƙa hawa wannan gadar yana shiga har tsakiyar birni. Wannan shi ne abin da ya bambanta shi da takwarorinsa da yawa, waɗanda suke sauke fasinja a bakin gari ko su yi ta jan ciki a tituna.

Tsohuwar hanyar ta bakin tafki tana ratsa garuruwa masu cunkoso, ga tashoshi kusa da juna, ga kwanoni. Saboda haka a 1926 aka buɗe sabuwar hanya ta kwarin Skokie, wadda ta kauce wa garuruwan ta yamma, kuma ita ce kake hawa farkonta. A shekarar da aka buɗe ta aka yi babban taron mabiya ɗariƙar Katolika a Mundelein, layin ya taimaka wajen kwashe dubban ɗaruruwan mutane a rana ɗaya. A wannan shekarar kuma kamfanin ya soma ɗora tirelar babbar mota a kan buɗaɗɗen tarago yana kai ta wani gari, dabarar da manyan kamfanonin dogo suka zo suka runguma daga baya.

Akwai wani abu na sana'a da nake so ka lura da shi. Wutar layin mai tafiya ɓangare ɗaya ce, kimanin bolt 600, amma hanyar ɗaukarta iri biyu ce. A kan gadar Shikago tarago yana shan wuta daga dogo na uku da ke kwance a gefe, a bayan gari kuma daga waya ta sama, ta hanyar doguwar sanda da ke kan rufinsa. Wurin canjin yana nan cikin Skokie, kuma ba a tsayawa a yi shi. Ma'aikaci yakan leƙo ta ƙofar ƙarshen tarago, ya riƙe igiya, ya ɗora sandar a kan waya jirgi yana tafe, da rana ko da dare, cikin ruwa ko cikin ƙanƙara. Na yi shekaru ina aikin wuta, kuma har yau idan na tuna da wannan sai in ji girman waɗancan mutane a raina. Jirgin da kake shiga ma ya ci gaba da yin canjin wuta a wannan wuri, da wata na'ura ta daban, har 2004 da aka shimfiɗa dogo na uku zuwa Dempster.

Daular Insull ta rushe a 1932 lokacin karyewar tattalin arzikin duniya, ya gudu Girka, aka dawo da shi aka yi masa shari'a aka wanke shi, ya rasu a Faris a 1938. Layin ya sake faɗawa hannun kotu. A cikin wannan halin talauci ne kamfanin ya yi abin da ake tunawa da shi har gobe. Manyan kamfanonin jiragen tururi guda biyu, Milwaukee Road da Chicago and North Western, sun fito da jirage masu sauri tsakanin biranen biyu, sai North Shore ya ba St. Louis Car Company aikin ƙera masa jirage biyu kacal, waɗanda aka sa wa suna Electroliner, suka fara aiki ranar 9 ga Fabrairu, 1941. Kowane ɗaya gaɓa huɗu ne a haɗe, yana zaune a kan rukunin tayoyi biyar, domin inda gaɓa biyu suka haɗu rukuni ɗaya ne yake ɗauke da su. Dalilin wannan ƙira shi ne dole jirgin ya iya karya matsattsun kwanonin gadar Shikago, ya iya bin titin Milwaukee a tsakanin motoci, ya kuma iya gudun mil 80 zuwa 90 a sa'a a fili. Jikinsa siriri ne daga ƙasa don ya wuce dakalin tashoshin gada, ya bulluƙo daga sama don fasinja su sami wurin zama. Akwai na'urar sanyaya iska, akwai ɗakin cin abinci a gaɓa ɗaya. A gwaji ya haura mil 100 a sa'a, amma sai aka ga yana isa mahaɗar titi kafin shingen tsayar da motoci ya gama sauka, don haka aka rage masa. Batun rufewa kuwa, na bar wa Malama, domin fanninta ne.

Malamar Tattali ta amsa:

Na gode, Baba Injiniya. Ƙanena, amsar da aka fi bayarwa ita ce mota ta kashe shi, kuma gaskiya ce, amma ba ita ce gaskiyar duka ba. Yawancin irin waɗannan layuka sun mutu tun shekarun 1920 da 1930, lokacin da manomi ya sami motar Ford da titin kwalta. North Shore ya wuce su da shekara talatin, saboda yana haɗa manyan birane biyu, kuma a kan hanyarsa akwai barikin sojan ƙasa na Fort Sheridan da sansanin horar da sojan ruwa na Great Lakes. A lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, da aka ƙayyade man fetur da tayoyi, taragansa sun cika maƙil da sojoji da ma'aikata, kamfanin ya sami kuɗin da ya fita daga hannun kotu a 1946.

Bayan yaƙi ne abubuwa suka taru masa. An yi dogon yajin aiki a 1948 wanda ya sa fasinjoji da yawa suka nemi wata hanya, wasu ba su dawo ba. A 1951 aka buɗe babbar hanyar mota ta Edens, kusan kafaɗa da kafaɗa da dogon kwarin Skokie, a 1960 kuma aka buɗe wadda ake kira Kennedy a yau, ta haɗa Edens da tsakiyar birni. A nan ne nake ganin rashin adalcin da ba a cika faɗa ba. Da kuɗin gwamnati aka gina waɗannan hanyoyi, alhali kamfanin jirgin shi yake gyara dogonsa da wayoyinsa da gadojinsa daga kuɗin tikiti, yana biyan haraji a kan filin da dogon yake, kuma ba ya iya ƙara kuɗin tikiti sai hukuma ta yarda. Fasinjojin da suka rage masa kuma mafi yawa masu zuwa aiki ne da safe su koma da yamma, wato dole ya ajiye taragai da ma'aikata masu yawa saboda 'yan sa'o'i kaɗan a rana. An fara rufe tsohuwar hanyar bakin tafki a Yulin 1955.

Sai kuma batun masu shi. A shekarun 1950 layin ya koma ƙarƙashin wani kamfanin riƙe hannun jari mai suna Susquehanna Corporation, wanda hankalinsa ya karkata ga wasu sana'o'i. A lissafinsu, rufe layin ya fi riba, domin za su sayar da ƙarafa da filaye, su kuma yi amfani da asarar wajen rage harajin sauran harkokinsu. Sun nemi izinin rufewa a 1958. Fasinjoji sun kafa ƙungiya sun yi ta ja a gaban hukumomi da kotuna shekara huɗu, amma hukumar tarayya mai kula da sufuri tsakanin jihohi ta amince a 1962, jirage na ƙarshe suka isa masaukinsu da asubahin 21 ga Janairu, 1963, cikin sanyi mai tsanani.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne kusancin lokacin. Shekara ɗaya kawai bayan haka, a Afrilun 1964, hukumar sufuri ta Shikago ta sake buɗe guntun Howard zuwa Dempster da sunan Skokie Swift, da tallafin gwamnatin tarayya, mutane kuma suka cika shi fiye da yadda aka zata. Ɗan'uwan North Shore, wato South Shore Line, wanda shi ma na Insull ne, ya jure har lokacin da jihar Indiana ta kafa hukumar da ta tallafe shi, kuma yana nan yana aiki tsakanin Shikago da South Bend. A ganina North Shore ya mutu ne a daidai tazarar da 'yan kasuwa suka daina son ɗaukar fasinja, gwamnati kuma ba ta riga ta yarda cewa nauyinta ba ne.

Mazaunin Waukegan ya amsa:

Malama ta faɗi gaskiya, kuma mu da muke zaune a nan muna taka shaidar kullum, domin wani ɓangare na filin dogon ya zama hanyar keke mai sunan Robert McClory. Ni zan amsa tambaya ta biyu, tunda na kai iyalina sun gani.

Electroliner guda biyun duka suna nan, ba a yanka ko ɗaya ba. Bayan rufewa wani kamfani na wajen Filadelfiya da ake kira Red Arrow ya saye su, ya cire musu sandunan waya tunda layinsa na Norristown dogo na uku yake amfani da shi, ya sake musu fenti, ya ƙara ƙofofi, ya kira su Liberty Liner, ɗaya Valley Forge ɗaya Independence Hall. Layin kimanin mil 13 ne kacal, ga tsayawa da yawa, don haka ba su sami filin da aka ƙera su dominsa ba, amma sun yi aiki daga 1964 har cikin shekarun 1970. A farkon shekarun 1980 mai lamba 801-802 ya dawo gida, yana Illinois Railway Museum a ƙauyen Union, an mayar masa da launinsa na asali, shuɗi mai ratsin kore da ja mai haske. Ɗaya kuma, 803-804, yana Rockhill Trolley Museum a jihar Pennsylvania da kamanninsa na Liberty Liner.

Union ita ce inda ya kamata ka fara zuwa, tafiyar sa'a ɗaya da 'yan mintoci ce a mota daga Shikago ta arewa maso yamma. Shi wannan gidan tarihi yana da alaƙa ta kusa da North Shore, domin an kafa shi a 1953 a garin North Chicago, a gefen layin, don a ceci tarago mai lamba 65 na Indiana Railroad, sai a 1964 ya ƙaura zuwa Union, a kan filin wani mataccen layin lantarki da yake haɗa Elgin da Belvidere. Ban da Electroliner, akwai taragan ƙarfe na yau da kullum, waɗanda su ne suka ɗauki mafi yawan fasinjojin layin: 160 wanda kamfanin Brill ya ƙera a 1915, da 714 na Cincinnati Car Company, da 749 na Pullman, da 251 mai ɗaukar fasinja da kaya a tare. Akwai kuma 757, ɗaya daga waɗanda ake kira Silverliner. Labarin waɗannan ya taɓa ni, domin a shekarun 1950 kamfanin ba shi da kuɗin sabon tarago, sai masu fentinsa na rumfar gyaransa da ke garin Highwood suka zana wa tsofaffin layuka da inuwa a jiki, har daga nesa a ga kamar farin ƙarfe ne mai ƙwarya-ƙwarya irin na sababbin jirage. Sai na matsa na shafa da hannuna kafin na yarda cewa jikin sumul yake.

Muhimmin abu shi ne ba a ajiye suke kawai ba. Gidan yana da dogonsa na kusan mil 5 da waya a sama, kuma a wasu ranaku ana haɗa taragan North Shore a ɗauki baƙi. Ka ji ƙugin injin a ƙarƙashin ƙafarka, ka ga sanda tana tartsatsi a kan waya, ka zauna a kujerar da sojan ruwa ya zauna shekara tamanin da suka wuce. Wasu taragan sun watsu a wasu wurare: akwai a Fox River Trolley Museum da ke South Elgin, da East Troy a Wisconsin, har da Seashore Trolley Museum can jihar Maine.

Tsohon Injiniya ya ƙara da cewa:

Madalla da wannan bayani, Malam. Ina so in tsaya a kan rabuwar da aka yi tsakanin jiragen biyu, domin na sha jin masu cewa ya kamata a dawo da na Pennsylvania ma zuwa kamanninsa na 1941. Ni ban yarda da su ba. Shekarun da ya yi a Norristown ɓangare ne na rayuwarsa, akwai mutanen da a wannan kama kaɗai suka san shi, kuma tunda Allah ya sa biyu ne, ya fi amfani kowanne ya riƙe zamani ɗaya. Mai nazarin ƙira zai iya kwatanta su ya ga abin da aka canza da dalilin canzawar.

Ɗana, idan ka je, kada ka tsaya a kan fenti. Ka nemi shiga rumfar gyara idan an ba da dama. Tarago mai shekara ɗari yana da rufin katako da aka lulluɓe da zane mai kauri, idan ruwa ya sami kafa sai katako ya ruɓe, tsatsa kuma ta ci ƙarfen da ke ƙasan tagogi. Wayoyin cikinsa an naɗe su da roba da zare waɗanda suke bushewa su farfashe, injinan jan tayoyi kuma sai an kwance su an sake musu naɗi, kuma babu kantin da za ka je ka sayo kayan gyaran, sai a ƙera su ɗaya bayan ɗaya ko a ciro daga wani mataccen tarago. Wannan ya sa gyaran Electroliner na Union ya ɗauki shekaru masu yawa, da kuɗin gudummawa da hannun 'yan sa kai. Da yawa daga waɗanda suka fara aikin sun hau jirgin yana raye, wasu ma sun yi aiki a layin, kuma yanzu suna ƙarewa. Abin da nake jin tsoron ɓacewarsa ya fi taragon shi ne sanin yadda ake saita birkin iska da yadda ake ɗora sanda a kan waya, domin wannan ba ya zama a rumfa sai an koya wa wani.

Ɗalibin Evanston ya rubuta:

Allah ya saka muku da alheri, Baba, Malama da Yaya. Jiya da na shiga jirgin na zauna a gaba, na lura da wasu tsofaffin turakun ƙarfe da suka haye dogon kusa da Skokie ba waya a jikinsu, yanzu na gane na mene ne. Yaya na Waukegan, ina neman ƙarin haske a kan lokacin da ya fi dacewa in je Union, domin burina in tarar taragan North Shore suna tafiya.

Mazaunin Waukegan ya amsa:

Ka bari sai sanyi ya wuce, ƙanena, domin daga bazara zuwa kaka ake tafiyar da jiragen, kuma an fi fito da manyan taragai a ranakun Asabar da Lahadi. Ba kullum ne na North Shore suke fita ba, ana juyawa ne tsakaninsu da na wasu layuka, saboda haka ka duba jadawalinsu na intanet kafin ka tashi. Babu jirgin fasinja da yake kaiwa Union, sai mota. Idan ba ka da ita, ka sanar da ni a nan idan lokacin ya matso, mu biyo ta Evanston mu ɗauke ka, yarana ma sun daɗe suna tambayar ranar da za mu koma.